Musayar Waƙa a Kan Kamfanin Zaren Lokaci

Mai kaɗi ce ta buɗe fage da wani kamfani na almara, wanda babu shi a ko'ina sai a cikin waƙa, kuma sharaɗin da ta gindaya shi ne duk mai amsawa ya ɗauki zaren daga inda na gabansa ya ajiye.

Mai Kaɗi:

Ku saurara, 'yan'uwa, ga ni tafe da labari
Na kamfanin da ke murza daƙiƙa a kan mazari.
Sukan gurje jiya, su shiɓe yau, su ajiye gobe a jeri,
Sannan su kaɗa zare uku, fari da ja da baƙi na asiri.
Farin yana sa lokaci ya yi nawa, ya manta da sauri,
Jan yakan kori wuni guda ya wuce kamar walƙiyar hadari,
Baƙin kuwa, in ji su, yana mayar da mutum inda ya fito tun fari.
To, Malam Masaƙi, idan an kawo maka su, da wanne za ka yi wadari?

Masaƙi:

Yaya, na ji kiranki, kuma ga amsata ta gaskiya:
Farin zan miƙa a tsaye, jan kuma in ɗura shi a ƙoshiya.
Sai dai akwai abin da ya hana ni runtsawa tun jiya,
Domin na tsaye yana jiran shekara, na kwance ya gama tafiya.
Kafin in taka ƙafa sau biyu, ja ya tsufa ya ruɓe a tsakiya,
Fari yana nan sabo fil, bai sha ƙura ba ko ɗaya.
A 1733 John Kay na Ingila ya ƙago ƙoshiya mai gudu a kan taya,
Masu kaɗi suka kasa ƙosar da masaƙa da zare, aka shiga wuya.
Idan saurin ɗan itace ya yi haka, me zaren nan zai yi wa duniya?

Tela:

Ranka ya daɗe, Masaƙi, naka wasa ne a kan nawa aiki,
Domin ni ne zan yanka ƙyallen in haɗa shi da ɗinki.
Na ɗinka riga da farin yadi daren jiya a mafarki,
Wani dattijo ya saka ta, ta rufe masa ƙirji da ciki,
Amma hannun rigar ya tsaya a gwiwar hannu, ya bar sauran jiki.
Zuciyarsa tana bugawa sau ɗaya a wuni, yatsunsa suka jira jini har suka yi baƙi,
Bakinsa yana son magana, huhu bai turo iska ba, ya tsaya kamar gunki.
Shin kamfanin ya rubuta gargaɗi a bakin ƙyalle, ko tela ya bar wa alhaki?

A nan ne malamin kimiyya, wanda tun farko yake sauraro bai ce uffan ba, ya nemi a ba shi fili, ko da yake ya amsa cewa bai taɓa riƙe mazari ba.

Malamin Kimiyya:

Gafara dai, masu sana'a, ni ma ina da abin cewa,
Farin zarenku yana da ɗan'uwa a ilimin da muke koyarwa.
Einstein ya nuna a 1905 cewa agogon da ke cikin gudu yakan rage bugawa,
A 1915 ya ƙara da cewa kusa da abu mai nauyi ma lokaci yakan yi nawa.
A 1971 masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan atam a jirgin sama suna kewayawa,
Suka zaga duniya gabas da yamma, suka tarar da bambancin da ake iya aunawa.
Agogon tauraron GPS kullum yana gaba da namu, ko da yake ba da yawa,
Kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa ne a wuni, kuma dole a riƙa gyarawa.
Saboda haka na yarda da fari da ja, idan kamfanin zai rage kurantawa,
Amma baƙin da ke komawa baya, babu awon da ya taɓa nunawa.

Masaƙi:

Allah ya gafarta Malam, mu ma mun san wannan a wurin saƙa,
Zaren da aka warware yana nan da lanƙwasar inda ya taɓa maƙalewa, ko an miƙa.

Marini:

Baba Masaƙi, ku bar musu, ni na gwada baƙin da hannuna,
Na sa an kawo mini damƙi guda domin in ƙara masa rini da launina.
Da na tsoma shi a ruwa sai na ga baƙin yana fita a gaban idona,
Ya zama shuɗi, ya koma fari, murɗinsa ya kwance a tsakanin yatsuna.
Kafin in kira yaro ya gani, auduga ce shiɓaɓɓiya a tafina,
Da na sake dubawa kuma sai gurya guda bakwai a gindin tulun rinina.
Na kai ƙara kamfanin, magatakarda ya buɗe littafi ya ce babu sunana,
Wai cinikin ma ya koma baya, ban riga na zo na biya kuɗina.