Lissafin IMC (awon nauyin mutum gwargwadon tsawonshi): yaya ake yin shi, kuma daga ina haɗari yake farawa?

Ɗan Ader:
Assalamu alaikum. An auna yayana a CSI (ƙaramar likita) nan Tawa, kilo 86, tsawo mita 1,72, aka rubuta mishi IMC 29 a karne. Yaya aka samo wannan 29 ɗin? Kuma ya isa abin damuwa? Don a ido ba a ce mishi mai ƙiba, tumbi ne kawai ya ɗan fito.

Ma'aikacin lafiya, Yamai:
Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Ka ninka tsawon da kanshi: 1,72 sau 1,72 ya ba da 2,96. Sai ka raba nauyin da wannan: 86 raba 2,96, ka samu 29. Shi ke nan.

Inda mutane suke kuskure shi ne su ninka tsawon sau biyu maimakon sau kanshi. Da an yi haka, 86 raba 3,44 zai ba da 25, mutum ya tafi gida yana ganin yana bakin daidai alhali ya kusa 30. A auna da safe kafin karin kumallo, ba takalmi, ba babbar riga, ma'aunin yana kan siminti, don kan rairayi ko tabarma ƙarya yake yi. Wajen tsawo a cire hula ko ɗankwali, dunduniya manne da bango.

Ma'aunin Hukumar Lafiya ta Duniya ga baligi: ƙasa da 18,5 rama ce, 18,5 zuwa 24,9 daidai, 25 zuwa 29,9 nauyi ya wuce kima, daga 30 ƙiba ce ta cuta, 40 kuwa mai tsanani. Mai tsawon yayanka nauyinshi ya kamata ya tsaya tsakanin kilo 55 da 74.

Mai kula da masu ciwon sukari:
Malam, ni tumbin da ka ambata ya fi damuna a kan 29 ɗin. IMC ba ya bambanta tsoka da kitse. Ɗan kokowa yana iya kai 28 jikinshi duk nama. Kitsen da ya taru a ciki, kewaye da hanta da hanji, shi ne yake hana insulin (sinadarin da yake daidaita sukari a jini) aiki, daga nan sai ciwon sukari, hawan jini, shanyewar ɓarin jiki.

A samu mitar tela. A zagaya ta tsakanin haƙarƙarin ƙarshe da ƙashin kwatangwalo, bayan ya saki numfashi, kada ya shanye ciki. Namiji daga santimita 94 a fara kula, 102 haɗari ne sosai. Mace 80 da 88. In an manta lambobin, ƙugu kada ya wuce rabin tsawo.

Yayanka ya je a auna tansiyo da sukari kafin ya ci kome. Tansiyo 14/9 ko sama, ko sukari gram 1,26 a lita, in an maimaita ya sake fitowa haka, sai ganin likita. Kuma ba sai ya koma 74 kafin ya ga amfani ba. Kilo 4 zuwa 8 ma in suka sauka, tansiyo da sukari suna sauka. A fara da abin sha: kwalbar lemo ta santilita 33 tana ɗauke da sukari wajen gram 35, ga shayi zagaye uku a fada, ga sukarin fura. Man girki kuwa cokali ɗaya babba kusan kalori 120 ne. Tafiya da sauri minti 30, kwana biyar a mako, bayan sallar asuba kafin rana ta yi zafi.

Ungozoma:
Kada a manta da ɗaya ɓangaren. Ƙasa da 18,5 ma cuta ce: ƙarancin jini, saurin kamuwa da ciwo, mace ta haifi jariri maras nauyi. Wanda yake ramewa ba dalili, ga tari ya wuce mako biyu ko zufar dare, a duba tarin fuka.

Wannan lissafi ba na mai ciki ba ne, ba na mai kumburin ƙafa ba, don ruwa ne yake ƙara kilo. Yaro daga wata 6 zuwa shekara 5 zaren awon damtse mai launuka ake sa mishi: in ya nuna ja, ƙasa da milimita 115, tamowa ce mai tsanani, a kai shi likita ranar nan.

Sannan ina roƙon 'yan'uwana mata a kan ƙwayoyin ƙiba na 'yan tebur, musamman dexaméthasone. Fuska takan cika ta yi zagaye, ciki ya fito, ƙafafu su sirance, sukari da tansiyo su hau, ƙashi ya yi rauni. Wadda ta daɗe tana sha kada ta yanke rana ɗaya, jiki yana iya faɗuwa. Ta je likita a rage mata kaɗan-kaɗan.