Madubin hangen nesa a theHunter: Call of the Wild: babbar barewa tana ɓace mini cikin garke

Assalamu alaikum 'yan uwa mafarauta, ina neman shawararku.

A filin Layton Lake, ɗaya daga cikin filayen wannan wasan bidiyo na farauta, lokacin shan ruwa, garken barewa yakan taru a ɗaya gaɓar tafki, nisan kamar mita 250. Ina kwance a ciyawa, iska na kaɗowa daga wajensu, don haka ba sa jin ƙamshina. Da madubin hangen nesa nake bin su ɗaya bayan ɗaya, ina danna tantancewa har matakin kowacce da kiyasin nauyinta su fito. Zuwa nan komai lafiya lau.

Matsalar tana farawa ne da zarar na ajiye madubin na ɗauki bindiga. Zanen hasken da ke kewaye jikin wadda na zaɓa ba ya daɗewa. Kafin in riƙe numfashi, saiti ya daina rawa, zanen ya gushe, su kuma sun sunkuya sun cakuɗe, ƙaho a kan ƙaho. Abin na ci mini rai, domin harbi ɗaya ke tarwatsa garken, ga tabon matsin farauta, wato alamar da ke sa dabbobi su ƙaurace wa wurin, da ke hawa taswira a banza.

Wani lokacin ma tantancewar ba ta kamawa sam idan kara ya rufe ƙirjin dabbar, alhali ga kanta nan ina gani ƙuru-ƙuru.

Shin akwai ƙwarewar da ke tsawaita zanen hasken? Ko in riƙa sake tantancewa ta madubin bindigar kai tsaye? Sannan a wannan nisa, tsakanin saitin nisan harbi na mita 150 da na 300, wanne kuke sakawa don harsashi ya samu huhu?