Shin mutum ɗaya zai iya haɗa riƙe kyamara da fitowa a fim?

Ɗan Aboabo:
Assalamu alaikum. Ina cikin wata ƙungiya ta matasan zango a nan Kumasi, muna shirya gajerun finafinan Hausa da kuɗin aljihunmu muna sa su a YouTube. Ni ne mai ɗaukar hoto, amma saboda ƙarancin 'yan wasa darakta yakan sa ni in fito, har abin ya shiga raina. Yayyena da kuka riga mu shiga harkar, shin ana iya gina sana'a a kan biyun, ko dole in ajiye ɗaya?

Tsohon Hannu, Asawase:
Wa alaikumus salam, ƙanena. Ana iyawa, amma kada ka haɗa su a fitowa guda. Wanda ya kafa kyamara a kan ƙafarta, ya danna, sannan ya ruga gabanta ya fara magana, hankalinsa yana rabuwa biyu, idonsa yana ta satar kallon gilashin kyamarar, kuma mai kallo ba ya rasa gane hakan. Ka horar da wani ya riƙe maka ita duk ranar da za ka fito.

Sanin kyamara kuwa babbar riba ce ga ɗan wasa. Kai ka san inda haske yake sauka, ka san dalilin tsayawa daidai kan alamar allin da aka zana a ƙasa, kuma idan kofin shayi yana hannun damanka a hoton nesa, ba za ka mayar da shi hagu a hoton kusa ba. Edita mai yanka da haɗa hotunan fim zai sa maka albarka.

Yaya daga Nima:
Malam ya yi gaskiya, sai dai bai taɓo maganar abinci ba. Kasuwar fim ɗin Hausa a Gana ƙarama ce, domin Kumawood, masana'antar fim ta Kumasi, da harshen Twi take aiki, mutanenmu kuma finafinan Kano suka saba kallo. Kyamara ce za ta ciyar da kai, ta ɗaukar biki da suna da maulidi, saboda haka ita ce ya kamata ka zurfafa a kanta, wasan ya biyo baya. Idan da hali, ka nemi shiga NAFTI, makarantar koyon aikin fim da talabijin da ke Accra, wadda aka kafa a 1978 kuma yanzu take ƙarƙashin jami'ar UniMAC.

Ɗan Aboabo:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Akwai wani yaro mai riƙe mana makirfo da yake da natsuwa, da shi zan fara koyarwar a fim ɗinmu na gaba.