Muryar Tafawa Balewa a fim: ta asali ko a kwaikwaya?

Ɗan Tudun Wada:
Assalamu alaikum. Ina haɗa gajeren fim kan ranar samun 'yancin kai, 1 ga Oktoba 1960. Na samu hotunan bikin, amma muryar Bature mai sharhi ta danne komai. A kayan marigayi Babanmu akwai kaset da ya naɗa daga Rediyon Kaduna, lokacin da aka maimaita jawabin Sir Abubakar Tafawa Balewa na ranar, sai dai shuu ɗin ya yi yawa. Abokin aikina ya ce a sa wani ya kwaikwayi muryar. Ni dai raina bai kwanta ba. Me kuka gani?

Tsohon Injiniya:
Wa alaikumus salam. Ƙanena, kada ka yarda. Mutumin da ake wa laƙabi da mai muryar zinariya, wa zai kwaikwaye shi? Yadda yake jan numfashi, yadda yake ajiye kalma a natse, shi ne fim ɗin naka.

Kafin ka kunna, duba zaren ko ya yi funfuna. Goge kan rikoda, wato ɗan ƙarfen da zaren ke gogawa a kansa, da auduga da sifirit. Akwai ɗan ƙusa a gefen kan, ka riƙa juya shi a hankali har muryar ta fito tangaran. Sau da yawa dusashewar daga nan take. Ka kwashe zuwa kwamfuta a WAV, wato tsarin ajiye sauti da ba ya rage ingancinsa, ba MP3 ba, ka ɓoye kwafi ɗaya da ba a taɓa ba. Wajen tacewa kuma ka sassauta hannu. Yaran yanzu sukan kankare shuu ɗin kakaf, sai ka ji mutum kamar daga cikin randa yake magana. Bar kaɗan, kunne zai saba.

Maman Hanifa:
Kaset naka ne, amma haƙƙin sautin ba naka ba ne. Ka rubuta wa gidan rediyon ka nemi izini tun yanzu, don gidajen talabijin za su tambaya. Jawabin kuma da Turanci ya yi shi, to fassarar Hausa ta tafi a rubuce a ƙasan hoto, kada a ɗora wata murya a kansa.

Ɗan Tudun Wada:
Allah ya saka da alheri. Baba Injiniya, na duba, ɗan soson da ke bayan zaren ya faɗi.

Tsohon Injiniya:
To kada ka kunna shi haka. Samo wani kaset mai lafiya, irin mai ƙusoshi biyar, ka kwance, ka mayar da zaren cikinsa.