Iktiyofagi: su wane ne "maciya kifi", kuma yaya za a faɗa da Hausa?

Malamar Tarihi, Tudun Wada:

Assalamu alaikum malamai. Akwai wata kalma da take fitowa a littattafan tarihin Afirka na zamanin da, wajen bayanin mutanen gaɓar Bahar Maliya. Ana rubuta ta Ichthyophagi, ni zan rubuta Iktiyofagi don sauƙin karatu. An ce ma'anarta masu cin kifi. Shin ƙabila ce guda ko laƙabi ne? Har yanzu ana amfani da ita? Kuma idan za a rubuta wa 'yan sakandare bayani da Hausa, wanne ya dace a sa: masu cin kifi, maciya kifi, masunta, ko Sarkawa?

Na-Samaru:

Wa alaikumus salam Malama. Laƙabi ne, kuma ba mutanen ne suka raɗa wa kansu ba. Kalmar Girkanci ce mai sassa biyu: iktus, wato kifi, da fagein, wato ci. Marubutan Girka da na Rum sun liƙa ta ga duk al'ummar bakin ruwa da suka ji labarin kifi ne abincinta, ko da tsakanin wannan al'umma da waccan akwai tafiyar watanni, harshe ma ba ɗaya ba.

Herodotus, wanda ya yi rubutu a ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya ce bayan Kambises sarkin Farisa ya ci Masar a shekara ta 525 kafin haihuwar Annabi Isa, ya sa aka kirawo masa wasu Iktiyofagi daga tsibirin Elefantin, daura da Aswan ta yau, domin suna jin harshen mutanen kudu. Ya aike su da kyaututtuka, har da riga mai launin shunayya da sarƙa da awarwaron zinariya da turaren mur, amma ainihin aikinsu leƙen asiri ne. Ki lura, waɗannan tafintoci ne da sarki ya amince ya ba su aike. A nan ma akwai inda masu fassara ke tuntuɓe: ƙasar da aka aike su Girkawa na kiranta Itiyofiya, amma ƙasar Kush ake nufi, kudu da Masar, cikin Sudan ta yau. Wanda ya rubuta Habasha ya kai ɗalibai wata ƙasa daban.

Bayanin da ya fi cika shi ne na Niyarkus, shugaban jiragen ruwan Iskandar na Makidoniya, wanda ya taso daga bakin kogin Indus a shekara ta 325 kafin haihuwar Annabi Isa ya bi gaɓar Makran, wadda yau take tsakanin Pakistan da Iran. Wani marubucin tarihi, Ariyan, shi ne ya adana mana labarin a ƙarni na 2 bayan haihuwar Annabi Isa. Ƙasa ce busasshiya, noma kaɗan ne ƙwarai. Mutanen suna saƙa taru da ɓawon dabino, su jira teku ya cika ya janye, su kwashe kifin da ya maƙale a kwazazzabai. Masu taushi su ci ɗanye, manya su shanya a rana su daka su yi gari, su yi gurasa da shi. Tumakinsu ma busasshen kifi ake ba su, har naman yana ƙarni. Masu hali a cikinsu suna gina ɗaki da ƙasusuwan manyan dabbobin teku da ruwa ke jefowa gaɓa, haƙarƙari ya zama azara. Wasu na cewa sunan Makran kansa daga Farisanci ya fito, mahi-khoran, maciya kifi, sai dai masana ba su haɗu a kan wannan ba, saboda haka kada a koyar da shi a matsayin tabbas.

Na Bahar Maliya da kika gani kuwa, asalin labarinsu daga wani marubucin Girka, Agatarkides ne, a ƙarni na 2 kafin haihuwar Annabi Isa, marubucin tarihi Diyodorus ya kwafa daga gare shi. Su kuma duwatsu suke jerawa su tare bakin kwazazzabo, ruwa ya tsiyaye kifi ya rage. Sai su baje shi a kan falalen dutse mai zafi, su zare ƙaya, su tattake tsokar da 'ya'yan wani ice mai ƙaya dangin kurna da magarya, su cura su shanya.

Abin da ya kamata ɗalibi ya fahimta shi ne kalmar ba ita kaɗai ba ce. Cikin jeri take: akwai maciya kunkuru, maciya fara, maciya saiwa, maciya jimina, maciya giwa. A wurin Bagirke, mai noman hatsi da inabi shi ne wayayye, sauran mutane kuwa ana kiransu da abin da suke sa wa baki. Akwai raini a ciki. Da wannan ma'auni, duk garin da ake tallar soyayyiyar fara a tire zai iya samun laƙabi, alhali tuwo ne abincin mutanensa.

A yau ba a kiran wata al'umma mai rai da wannan suna. Ya rage a littattafan tarihi, da kuma ilimin halittu, inda aka sa wa wani jinsin gaggafa masu kamun kifi sunan.

Malam Ƙofar Doka:

Allah ya saka da alheri Malam Na-Samaru. Malama, kalmomi huɗun da kika jero ba abu ɗaya suke nufi ba, kuma biyu daga ciki ba su da wuri a nan sam.

Masunci daga kalmar "su", wato kamun kifi, ya fito. Tilo namiji masunci, mace masunciya, jam'i masunta. Harafin t ne ya koma c a gaban wasalin i, ganɗantawa ke nan, irin wadda ke cikin mahauci da mahauta, marubuci da marubuta. Kalmar tana nuna sana'a, ba ta ce komai a kan abinci ba. Masunci na iya sayar da duk kamunsa ya sayi masara. Idan kika fassara Iktiyofagi da masunta, kin cire abin da marubutan suke nunawa, wato cin, kin kuma wanke musu rainin da Malam ya ambata.

Sarkawa kuwa sunan mutane ne sanannu masu tarihi, masu gadon ruwa, waɗanda aka fi dangantawa da ƙasar Kabi, kuma masana na haɗa sunan da Sorko na ƙasar Sangai. Ba a ɗauki sunan Basarke a sa wa mutumin Makran.

Saura biyu. "Masu cin kifi" Hausa ce lafiyayya, amma ta yi faɗi. Duk wanda ya zauna gaban mai soya kifi a Sabon Gari da daddare mai cin kifi ne. Wanda ake tambaya "kana cin kifi?" kafin a zuba masa miya, ya ce eh, shi ma mai cin kifi ne. Mai da masu ba su tilasta ma'anar ɗabi'a mai ɗorewa.

Ɗafa-goshin ma- shi ke yin wannan aikin. Daga aikatau ci ake samun maciyi, maciyiya, maciya, kamar yadda bi ya ba da mabiyi, mabiyiya, mabiya, sha ya ba da mashayi, mashayiya, mashaya. Wannan siga tana nuna wanda aikin ya zame masa jiki ko aka san shi da shi. A jam'i karɓau na iya biyowa kai tsaye ba tare da mahaɗin -n ba: mabiya addini, maciya amana, mashaya giya. Saboda haka "maciya kifi" ta zauna daram a kan ƙa'ida, kuma tana da ƙamshin laƙabi, wanda shi ake nema. Ita nake ba da shawarar a sa.

Matsalar tana wajen tilo. Maciyi shi kaɗai a Hausa yana nufin mai ci da yawa, kamar yadda mashayi shi kaɗai ba ya nufin mai shan ruwa. Idan aka ce "wane maciyin kifi ne", mai sauraro zai ɗauka mutum ne mai kwaɗayin kifi, wanda ba ya ƙosawa da shi. Ba zai fahimci cewa ɗan wata al'umma ne da ba ta da hatsi ba. A nan gara a ce "ɗaya daga cikin maciya kifi".

Akwai kuma tsohuwar gajeriyar siga da mutane ke amfani da ita kullum ba su lura ba. Aikatau masu gaɓa ɗaya suna ɗaukar ma- ba tare da ƙarin -yi ba: maci amana, masha ruwa, maja ciki, mafi girma, arewa maso gabas, har magatakarda, wanda asalinsa maga takarda ne. Sharaɗinta ba ta tsayawa ita kaɗai, dole a bi ta da wata kalma, ba a cewa "shi maci ne" a yi shiru. Ba ta kuma sauyawa don jinsi, wanda sauƙi ne gare mu Zazzagawa da aka sani da sassauci wajen bambanta namiji da mace a magana. A kan wannan ƙira "maci kifi" daidai take, kuma ta fi dacewa da dabba ko tsuntsu, domin ba ta ɗauke da ma'anar haɗama. Ba kalma ce da za ki ji a kasuwa ba, amma duk Bahaushe zai gane ta da jin farko.

Ga yadda zan sa a takardar ɗalibai: a karon farko a rubuta, Girkawa sun kira su Iktiyofagi, wato "maciya kifi", tare da alamar zance. Daga nan a ci gaba da Hausar. Alamar zancen tana da muhimmanci, ita ke nuna bakin wani ne ba namu ba.

Mai Tarwaɗa, Shika:

Allah ya gafarta Malam, na karɓi "maci kifi" don dabbobi, amma a yi hattara da wanda ake liƙa wa. A ilimin halittu ba duk abin da ya taɓa haɗiye kifi ake kira haka ba, sai wanda kifi ne mafi yawan abincinsa bayan ya girma. Ana tabbatarwa ne ta hanyar feɗe ciki a duba abin da ke tumbi, daga kifaye da yawa masu girma daban-daban, rani da damina.

Tsage maci kifi ne na gaske, haƙoransa a waje suke kamar ƙusoshi, suna shiga tsakanin juna. Giwan ruwa ma haka, sai dai yana ƙarami ƙwari da ƙananan halittun ruwa yake ci, sai ya tasa yake komawa kan kifi. An saka shi a tafkin Biktoriya na gabashin Afirka a shekarun 1950, ya yawaita a shekarun 1980, kuma yana cikin manyan dalilan ɓacewar jinsunan ƙananan kifaye da dama na tafkin. Hanji ma shaida ne: na maci kifi gajere ne da tumbi mai buɗewa, na karfasa kuwa dogo ne a nannaɗe, ya ninka tsawon jikinta sau da yawa, domin gansakuka da ganye suna daɗewa kafin su narke.

Tarwaɗa ita ce ake yawan yi wa kuskure. Komai take ci, tsutsa, ƙwari, kwaɗo, hatsi, mushe, da kifi in ta samu. Abin da masu kiwo ke gani a tafki, inda aka zuba 'ya'ya 1,000 aka kwashe ƙasa da haka nesa ba kusa ba, ba tare da an ga gawa ba, cin juna ne. Yana faruwa idan wasu sun tsere wa 'yan'uwansu a girma har kan ƙaramin ya shiga bakin babban, ko abinci ya yi ƙaranci, ko an cunkusa su. Maganinsa a riƙa tace su ana ware manya duk mako ɗaya ko biyu a watannin farko, a kuma ba da abinci a kan lokaci, mai ƙwaya daidai bakinsu. Wannan a kira shi cin juna, kada a ce tarwaɗa maci kifi ce.

A tsuntsaye akwai kwasakwasa da zalɓe, ko da yake zalɓe na haɗawa da kwaɗi da ɓeraye. Balbela ba ta ciki, fara da ƙwarin da shanu ke tayarwa take bi. Karen ruwa yana ciki. Ayu da dorina kuwa ciyawa ce mafi yawan abincinsu, ba sa cikin maciya kifi.

Malamar Tarihi, Tudun Wada:

Na gode malamai. Saura ɗaya: mutumin zamani da ya bar cin nama don lafiya ko ra'ayi amma yana cin kifi, shi ma maci kifi ne?

Malam Ƙofar Doka:

A'a Malama. Shi abin da ya bambanta shi da mutane barin nama ne, kifin kuwa kowa na ci, kuma yawancin abincinsa hatsi ne da ganye da wake. Hausa ta riga ta raba nama da kifi, shi ya sa mai abinci ke tambaya "nama ko kifi?", saboda haka jimlar "ba ya cin nama sai kifi" ta wadatar, ba a buƙatar ƙirƙirar suna. A takardar asibiti ko ta masauki a ƙara fayyace kaza da ƙwai, domin da yawa in sun ce sun bar nama, jan nama suke nufi, kaza na nan a cikin abincinsu.