Omar Sy, Jarumin Fim na Faransa: Gwaninta Ce Ko Sa'a?

Ɗan Damagaram:
Ku ba ni fili, yau na zo da yabo,
Ga Omar Sy na Trappes, mai babban rabo,
Da barkwanci a tashar Canal+ aka yi sabo,
2011 Intouchables ya fito ba tabo.

Sama da mutum miliyan 19 suka kalli wannan fim, inda ya fito a matsayin mai kula da wani attajiri naƙasasshe, a Faransa kaɗai. Mai ja ya fito.

Bakano:
Ɗan Damagaram, rage mana zaƙin baki,
Turin keken attajiri shi ne aiki?
Baƙi na hidima, Bature kwance a ɗaki,
Faransa ta tafa, to ina abin mamaki?

Ɗan Damagaram:
Bakano, tsaya Kwari ka auna yadi,
Sha'anin fim ya fi ƙarfin mai son kuɗi,
César, kyautar fim ta Faransa, ta 2012 ya ɗauke cikin daɗi,
Ya ka da Jean Dujardin ba maguɗi.

Hajiyar Maraɗi: Allah ya ja zamaninka, Ɗan Damagaram! Kwana biyu bayan nan fa Dujardin ɗin ya karɓi Oscar a Amurka. Bakano, sai a sha ruwa.

Malam Na-Zazzau: Hajiya, a yi yabo da gaskiya. "Yadi" da "kuɗi" ba amsa-amo ɗaya ba ne, kuma ɗango na uku ya fi 'yan uwansa tsawo. Wannan baitin gurgu ne.

Inna Wuro:
Ku bar musu, ɗanmu ne, jinin Fulani,
Uba Senegal, uwa Muritaniya, ku sani,
A fim ɗin Tirailleurs da Fulatanci ya yi bayani,
Uban da ya bi ɗansa yaƙin 1917, ku gani.

Babarbare:
Inna, na yarda naku ne, ba na musawa,
Ya bar Faransa, Amurka ya yi komawa,
Jurassic World, me suka ba shi na yi wa?
Kiwon dodanni! Gado ba ya ɓacewa.

Inna Wuro:
Bawana, wa ya kwance ka daga turke?
Kawo mana jarumin Barebari in ka farke.

Malam Na-Zazzau: "Na yi wa" ba Hausa ba ce, an cusa ta don ƙafiya. Ita kuma Inna daga ƙwar huɗu ta faɗo ƙwar biyu ba sallama.

Bakano: Malam, tun safe gyara kake, ko ɗango ɗaya ba mu gani ba. Sauke mana naka baitin a karin Mutadarik mu auna.

Malam Na-Zazzau: Alƙali ba ya shiga kokawa, ɗan'uwa.

Auta: Salamu alaikum, yayyena, sai yanzu na samu caji.
Kun manta Lupin na Netflix, 2021,
Assane Diop, ɓarawon da ya fi kowa...

Wa zai ba ni kalmar da ta dace da "ɗaya"?

Malam Na-Zazzau: Ƙanena, lamba ba ta zama ƙafiya. Goge ka sake.

Hajiyar Maraɗi: Malam, ka bar yaro ya ƙarasa mana!