Shawarar da muka tattara kan buɗe jaridar yamma a Gusau

Daren jiya a majalisarmu ta Tudun Wada kawuna ya kawo maganar buɗe jaridar yamma shi da ƴaƴansa, wallahi har sha biyun dare ana ta muhawara.

Malamin da ya jima a Legas ya ce a da jaridar yamma na tafiya ne saboda ma'aikata in sun tashi ofis suna saye a go-sulo, kamar PM News da ta fito 1994 zamanin Abacha, amma yanzu kafin ka kai takarda injin bugawa labarin ya gama zagaye Facebook. Ko Evening Standard ta Landan ta daina fitowa kullum a 2024. Don haka aka ce kawu ya fara a waya tukun, takarda kuma sau ɗaya a sati.

Batun iyali kuwa nan aka fi daɗewa. An kawo misalin Tribune da Awolowo ya kafa 1949, har yau tana hannun gidansa. Shawara dai a rubuta kason kowa gaban lauya tun yanzu kafin maganar gado ta taso, a raba asusun jarida da kuɗin cefane, edita kuma a ɗauko na waje wanda zai iya cewa kawu a'a. Ni wannan na ƙarshen ne nake ganin zai yi masa wuya.